Yadda Ake Gyara Kebul ɗin Duba Mota na Jabu, Daga Soket ɗin Mota Zuwa Ƙafafun Aisi

A yau da wuya ka shiga garejin da ke da riwaya a Gombe, daga Tashar Dukku har zuwa Tumfure, ba ka tarar da tsohuwar laftof da ɗan kebul mai faɗin kai a akwatin kayan aiki ba. Da wannan kebul ake ɗora mota a kwamfuta, wato a karanta lambobin matsalar da birenbos, kwamfutar da ke cikin motar, ya ajiye, a ga abin da sensoci suke faɗa, a kashe wutar cek bayan an gama gyara. Mafi yawan waɗanda suke hannun mutanenmu na jabu ne: kwafin Mini-VCI da ake haɗawa da manhajar Techstream ta Toyota, da KKL 409.1 na tsofaffin Golf da Sharan, da Lexia 3 na Peugeot, sai kuma ELM327 wanda yake shiga kusan kowace mota. Kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa, saboda haka ba abin mamaki ba ne idan irin wannan kebul ya daina aiki bayan ’yan watanni.

Abin da na lura da shi a tsawon lokacin da nake gyara su shi ne, yawancin waɗanda ake kawo mini da sunan sun mutu ba su mutu ba. Ko dai motar ce ba ta ba su wuta, ko kwamfutar ce ta ƙi gane su, ko kuwa dalma ce ta tsage a ƙarƙashin haƙori ɗaya daga cikin ƙarafan kan kebul ɗin da suke shiga soket ɗin mota. Shi ya sa wannan jagora ya bi tsari: za a fara da mota, a koma kan kwamfuta, sannan a buɗe kebul ɗin, kuma ba za a kunna ƙarfen dalma ba sai mita ta nuna inda matsalar take.

Kayan aikin ba su da yawa. Ana buƙatar mita mai auna bolt da om wadda take ƙara idan layi ya haɗu, da ƙarfen dalma mai siririn baki, da dalma mai kyau, da man dalma irin na masu gyaran waya, da ƙaramin sukuddireba, da gilashin ƙara girma, da sifirit na wanke fanel, wato allon da kayan wutar cikin kebul suke kai, tare da tsohon buroshin haƙori. Akwai kuma abu ɗaya da nake ganin ya fi sauran amfani: soket ɗin OBD na mota, wato wurin da ake cusa kebul ɗin, da aka yanko daga wurin masu fasa tsofaffin motoci, da jelar wayoyinsa kamar taƙi ɗaya. Idan ka haɗa masa batir ta hanyar fiyus na amfiya 1, ka sami mota a kan teburi, wadda ko da wani abu ya ƙone ba za ka biya kowa kuɗin birenbos ba.

Mataki na farko: ka tuhumi motar kafin ka tuhumi kebul

Soket ɗin OBD-II yana da ramuka 16 a jere biyu, kuma tsarinsa ɗaya ne a duk motar da aka ƙera don kasuwar Amurka daga 1996, da motocin fetur na Turai daga 2001, da na dizal daga 2004. Idan ka fuskanci soket ɗin motar, gefensa mai faɗi yana sama, jerin sama yana farawa daga 1 a hagu zuwa 8 a dama, na ƙasa kuma daga 9 zuwa 16. A kan kebul ɗin lissafin yana juyawa kamar madubi, kuma wannan ɗan juyin ya sa mutane da yawa sun auna haƙorin da ba shi ba. Rami na 16 shi ne wutar batir, wadda take nan ko an kunna makulli ko ba a kunna ba. Na 4 da na 5 su ne layin ƙasa, wanda riwayoyi suke kira at. Na 7 shi ne layin K, na 6 da na 14 kuma su ne layukan CAN guda biyu, kuma ta K ko CAN ne mota take magana da kebul.

Ka sa mita a awon bolt, jan tsinke a rami na 16, baƙi a na 4, sannan ka maimaita da na 5. Batir mai lafiya yana nuna 12.4 zuwa 12.6 idan injin yana kashe, kuma yakan kai wajen 14 idan an tada mota. Idan ba ka ga komai ba, fiyus ne ya tafi. A Toyota da yawa akwai fiyus na musamman mai rubutun OBD, galibi na amfiya 7.5, a akwatin da ke ƙarƙashin sitiyari, a wasu motocin kuwa soket ɗin yana raba fiyus da wurin kunna sigari, inda ake cusa cajar waya mai araha har ta ƙona shi. Kada ka tura tsinken mita mai kauri cikin ramin, balle ƙusa ko waya mai tauri, domin ƙarfen da ke ciki yana buɗewa ya daina kama haƙori. Ka taɓa bakinsa kawai, ko ka yi amfani da siririyar allura.

Wata rana wani yaron gareji ya zo mini da Mini-VCI a leda, ya ce, “Oga, maigida ya ce a duba masa wannan, tun jiya ya mutu, kuma Alhaji mai Camry yana zaune yana jira.” Na jona shi a soket ɗin teburi, fitilarsa ta kama, kwamfuta ta gan shi. Na ce masa ya koma ya ciro fiyus ɗin OBD na motar ya ɗaga shi ga hasken rana. Bayan la’asar ya dawo yana dariya, da fiyus ɗin a tafin hannunsa, zaren cikinsa a tsinke. Da na buɗe kebul ɗin na yi ta taɓa shi da zafi, da na lalata abin da lafiyarsa lau.

Idan wuta tana nan, sai ka duba layin CAN na motar, amma wannan ya shafi motocin da suke amfani da shi ne kawai, kamar Camry ta 2008 da duk motar Amurka daga wannan shekarar zuwa sama. Ka kashe makulli, ka cire kan batir, ka auna om tsakanin rami na 6 da na 14. Amsar da ake nema ita ce wajen om 60, domin akwai rasista biyu na om 120 a ƙarshen layin ta kowane gefe. Idan ka ga 120, ɗaya ya fita daga layi. Idan ka ga kusan sifili, wayoyin sun haɗe a wani wuri, kuma babu sikanar da za ta karanta wannan mota ko ta asali ce. Hanya mafi sauƙi bayan duk wannan ita ce a gwada kebul ɗin a wata motar daban, a kuma gwada wani kebul a motar farko.

Mataki na biyu: abin da kwamfuta take gani

Ka jona kebul ɗin a laftof ba tare da mota ba, ka buɗe Device Manager na Windows, ka zuba ido ka ga ko jerin zai motsa. Idan babu abin da ya motsa ko kaɗan, ko dai wayar USB ta tsinke ko aisin da ke karɓarta, wato ɗan guntun nan mai ƙafafu da yawa a kan fanel, ya mutu. Idan ya fito a matsayin na’urar da ba a sani ba da lambar kuskure 43, yawanci ɗaya daga cikin wayoyin saƙo biyu ne ya tsinke ko ya saki. Idan kuwa ya fito da suna amma da alamar rawaya a kai, to kebul ɗin yana da rai, rikicin na direba ne, wato ’yar manhajar da take gabatar da na’ura ga Windows, ba mai tuƙa motar ba.

A nan ya kamata a san aisin da ke ciki. Ka shiga bayanan na’urar ka nemi lambobin VID da PID, wato lambar kamfani da ta na’urar. Idan ka ga 0403 da 6001, aisin FT232R ne na kamfanin FTDI da ke Gilasgo, ko kuma kwaikwayonsa. Idan ka ga 1A86 da 7523, CH340 ne na ƙasar Sin, wanda ba shi da tsada kuma ba ya ɓoye ko shi wane ne. Akwai kuma PL2303 na Prolific, wanda jabunsa yake fitar da lambar kuskure 10 a sabbin direbobi. Wanda ya fi jawo surutu shi ne na FTDI. A watan Oktoba na 2014 kamfanin ya saki direba ta hanyar sabuntawar Windows wanda yake gane aisin jabu, ya mayar da lambar PID ɗinsa zuwa 0000, ta yadda babu kwamfutar da za ta sake gane shi. An janye wannan direba bayan ƙorafi ya yi yawa, amma a 2016 wani ya fito wanda yake aika saƙon cewa na’urar ba ta asali ba ce a madadin bayanan da aka tura. Har yanzu ana samun tsofaffin laftof a garejinmu da suke ɗauke da waɗannan direbobi. Wata alama da take tona asirin aisin jabu ita ce lambar siriyal A50285BI, wadda ake samu iri ɗaya a kan ɗimbinsu, alhali kowane na asali da tasa lambar yake zuwa.

Idan ka tarar da PID ya koma 0000, aisin bai ƙone ba. Ana tilasta wa Windows ta karɓi direban FTDI da hannu, ta hanyar zaɓar shi daga jerin direbobi maimakon barin ta ta nema da kanta, sannan a buɗe FT_Prog, manhajar FTDI ta canza saitin aisi, a mayar da lambar zuwa 6001. Wannan yana tayar da shi, amma a ganina gyaran wucin gadi ne, domin aisin yana nan a jabunsa, kuma irinsa yakan yanke magana a tsakiyar aiki. Gyara mai ɗorewa shi ne a canza shi da na asali, kuma zan zo kan wannan a gaba.

Akwai saituna biyu da suke warware matsaloli da yawa ba tare da an kwance ko sukuru ɗaya ba. Tsohuwar manhajar da ake haɗawa da KKL 409.1 ba ta ganin tashar COM, wato lambar ƙofar da Windows take ba kebul, idan ta wuce COM4, saboda haka idan Windows ta ba kebul ɗin COM9 ko COM12, sai a sauko da shi daga cikin saitin tashar. A wuri ɗaya kuma akwai lokacin jinkiri na aisin FTDI, wanda yake zuwa a milisakan 16. Layin K ba ya haƙuri da jinkiri, don haka a mayar da lokacin jinkirin 1 ko 2. Shi kuma direban Mini-VCI an yi shi ne don Windows mai bit 32, shi ya sa riwayoyi da yawa suke riƙe da tsohuwar laftof mai Windows 7 don wannan aiki kaɗai, kuma ban ga laifinsu ba.

Mataki na uku: buɗe shi

Sukurorin galibi suna ɓoye ne a ƙarƙashin takardar da aka manna a bayan kan kebul ɗin. Ka shafa yatsa za ka ji ramukansu. Waɗanda aka manne da gam sai a bi tsagar gefe da siririn ƙarfe a hankali. Da zarar ka buɗe, ka ɗauki hoton fanel ɗin ta fuska biyu da wayarka kafin ka taɓa komai, musamman wurin da wayoyin USB suka sauka, sannan ka sunsuna shi. Warin ƙuna ba ya ɓuya, kuma yana gaya maka ka nemi abin da ya kumbura ko ya yi baƙi. Ƙurar hunturu da zufa da baƙin mai suna haɗuwa su yi wani irin dafi a kan fanel wanda yake ɗan ratsa wuta tsakanin ƙafafu, saboda haka ka wanke shi da sifirit da buroshi, ka bar shi ya bushe sarai kafin ka ci gaba.

Wayar USB ita ce ta fi kowane sashe mutuwa, kuma wurin da take karyewa shi ne daidai inda ta fito daga kan kebul ɗin, domin a nan take lanƙwasa duk lokacin da aka ɗora laftof a kujera aka ja ta. Bisa ƙa’ida ja shi ne bolt 5, fari da kore su ne na saƙo, baƙi kuma na ƙasa, amma masu ƙera na jabu ba kullum suke bin launi ba, don haka mita za ka yarda da ita. A bakin USB ɗin akwai ƙarafa huɗu: na gefe biyu su ne wuta da ƙasa, na tsakiya biyu su ne na saƙo. Ka auna kowanne zuwa inda ya sauka a fanel, kana murza wayar da ɗaya hannun. Idan ƙarar mita tana yankewa tana dawowa, ka kama ɓarawon. Ba na ba da shawarar a yanke a ɗaure. Gara a samo wayar firinta mai kauri, mai rigar ƙarfe a ciki, a yanke ɗaya kan, a sauya gaba ɗaya, kuma kada tsawonta ya wuce mita ɗaya da rabi zuwa biyu. Idan aisin FT232RL ne, koren layi yana zuwa ƙafa ta 15, farin kuma ƙafa ta 16. Idan aka juya su, kwamfuta za ta ce ba ta san na’urar ba. Bayan an gama, a ɗaure wayar daga ciki da ɗan zaren roba mai kulle kansa, a zuba gam mai zafi, don ja ya tsaya a kan roba maimakon dalma.

Sai haƙoran nan 16. Kowace cusawa da zarewa tana girgiza su, dalmar da aka yi musu a masana’anta kuma ’yar kaɗan ce, busasshiya. A ƙarƙashin gilashi za ka ga wani siririn zobe ya kewaye gindin haƙorin da ya tsage, wani lokaci kuma haƙorin yakan nutse ciki ya fi ’yan’uwansa gajarta. Wannan shi ne sanadin kebul ɗin da yake aiki idan an danna shi da hannu, ya yanke idan an saki. Ka shafa man dalma, ka sa zafin ƙarfe wajen digiri 330 zuwa 350, ka sabunta dalmar haƙora na 4, 5, 6, 7, 14, 15 da 16, in ma da hali dukkansu. Dabarar da take hana su karkacewa ita ce a cusa kan kebul ɗin cikin soket ɗin teburi, ba tare da batir ba, kafin a fara, domin robar da take riƙe da su tana narkewa da wuri, kuma soket ɗin zai riƙe su a miƙe.

Mataki na huɗu: wuta a kan teburi

Yanzu ka haɗa batir da soket ɗin teburi ta fiyus ɗin nan na amfiya 1, ka cusa kebul ɗin a buɗe. Idan fiyus ya tashi nan take, akwai abin da ya haɗe a ciki, kuma waɗanda ake fara zargi su ne dayod ɗin kariya da kafasitar da ke bakin shigowar wuta. Idan bai tashi ba, ka bi wutar da mita daga haƙori na 16, ta cikin dayod inda za ta ragu da kamar rabin bolt ko ɗan fiye, zuwa ƙafar shiga ta regyuleta, mai rage wutar batir. A ƙafar fita dole ka ga bolt 5, ko 3.3 idan irin wannan ne. Idan 12 tana shiga babu abin da yake fita, regyuleta ya mutu. Idan kuwa abin da yake fita ya haura 5 sosai, to ya buɗe ƙofa ya bar wutar batir ta wuce, kuma mai yiwuwa ya tafi da duk aisin da ke bayansa. A irin wannan hali na fi son in ajiye fanel ɗin don cire kayan gyara.

Masu ƙera na araha sukan sa AMS1117 kai tsaye a kan wutar batir, alhali iyakar abin da yake ɗauka bolt 15 ne, mota kuma tana caji a wajen 14. Tazarar ta yi kaɗan, musamman a zafin watan Maris da Afrilu na Gombe, ko a motar da altanetarta take wuce gona da iri. Idan akwai wuri a fanel, ina maye gurbinsa da 78M05, wanda yake jure wuta fiye da haka, amma tsarin ƙafafunsu ba ɗaya ba ne, sai an duba an karkatar da layi da ’yar waya. Akwai kuma abin da ya keɓanta da garin da manyan motoci suke yawa irin namu, inda tirelolin siminti daga Ashaka da na hatsi suke ratsawa kullum. Galibin manyan motoci bolt 24 suke amfani da shi. An taɓa kawo mini ELM327 da aka cusa a wata babbar mota don a gwada sa’a. Kafasitar da ke ciki, mai rubutun bolt 16 a jikinta, ta fashe ta watsa takarda kamar auduga a cikin kwanson, regyuletan kuma ya huje a tsakiya.

Mataki na biyar: layukan magana

Wannan shi ne sashen da yake bayyana dalilin da ya sa kebul yake karanta wata mota ya ƙi wata. Camry ta 2003 da layin K take magana, a rami na 7, da gudun bit 10,400 a sakan ɗaya. Camry ta 2008 kuwa da CAN take magana, a rami na 6 da na 14, da gudun 500,000. Kowanne da nasa ɓangaren a fanel, saboda haka idan mai kebul ya ce maka yana karanta tsofaffin motoci amma ba ya karanta sababbi, ko akasin haka, ya riga ya nuna maka inda za ka duba.

A ɓangaren K, idan kebul yana da wuta kuma ba ya aika komai, haƙori na 7 ya kamata ya tsaya kusa da wutar batir, wajen bolt 11 zuwa 12, domin akwai rasista na om 510 da yake ɗaga shi sama. Idan ka ga sifili, ko dai rasistan ya ƙone, ko turanzistan da yake jan layin ƙasa ya maƙale a haɗe. Wasu fanel suna amfani da aisi na musamman kamar L9637D, wasu kuma LM393 da ’yan turanzistoci, waɗanda ake samu a kowane shagon kayan rediyo. Ga kebul irin KKL akwai gwaji mai daɗi: da yake layin K waya ɗaya ce da ake aikawa a kuma saurara a kanta, duk abin da ka tura zai dawo maka. Ka ba shi wuta a teburi, ka buɗe manhajar tura rubutu irin PuTTY a tashar COM ɗinsa da gudun 9600, ka danna haruffa. Idan suna fitowa a allo, kuma suka daina fitowa da ka cire batir, to hanyar tana da lafiya daga USB har haƙori na 7.

A ɓangaren CAN za ka tarar da ƙaramin aisi mai ƙafa takwas, yawanci MCP2551 ko TJA1050. Ƙafa ta 3 tana karɓar bolt 5, ta 2 ita ce ƙasa, ta 7 tana zuwa haƙori na 6, ta 6 kuma tana zuwa haƙori na 14. Ka lura da wannan saɓanin lambobi, domin yana ruɗa mutum. Idan yana da wuta kuma layi yana hutawa, ƙafa ta 6 da ta 7 duka suna zama wajen bolt 2.5. Idan ɗaya ta manne a sifili ko a 5, ko aisin yana zafi har ba ya taɓuwa, a canza shi. Aiki ne na minti kaɗan, kuma MCP2551 da TJA1050 suna shiga gurbin juna a mafi yawan fanel.

Akwai wata cuta ta haihuwa a ELM327 na jabu da ya kamata kowa ya duba ko da kebul ɗin sabo ne. Ka cire shi daga komai, ka auna om tsakanin haƙori na 6 da na 14. Idan mita ta nuna 120, an sa masa rasistan da ba a buƙata, wanda idan ya haɗu da biyun da ke cikin mota yake saukar da layin daga om 60 zuwa 40. Wasu motocin suna jurewa, wasu kuma sai su ƙi magana, ko fitilun dashbod su kama walƙiya da zarar an cusa shi. Ka bi layin ka nemo ɗan rasistan mai rubutun 121 ko 1200 a bayansa, ka ɗauke shi da bakin ƙarfe, ka sake aunawa.

Shi ELM327 yana da sauƙin tambaya, domin yana amsa umarni a rubuce. Ka buɗe tasharsa da gudun 38400, ka rubuta ATZ, zai amsa da sunansa da lambar sigarsa. Idan ya ce v1.5, ka san kwafi ne, domin kamfanin Elm Electronics na Kanada, wanda ya rufe a 2022, bai taɓa fitar da wannan siga ba. Duk da haka, masu ɗauke da aisin PIC18F25K80 a ciki sun fi yawancin waɗanda ake rubuta wa v2.1 cika umarni. ATRV zai gaya maka wutar batir, sai ka gwada da abin da mita ta nuna. A jikin mota kuma, da makulli a kunne, ka rubuta ATSP0 sannan 0100. Amsar da ta fara da 41 00 tana nufin birenbos ya amsa sallama.

Canza aisin USB, da inda gyara yake tsayawa

FT232RL yana da ƙafafu 28, tazarar da ke tsakaninsu milimita 0.65 ce kawai, saboda haka ba aikin ƙarfen dalma na gareji ba ne. Kafin ka yanke masa hukunci, ka auna ƙafa ta 20 ka ga bolt 5, da ta 17 ka ga 3.3. Idan ta farko tana nan ta biyu babu, ya mutu. Idan har yana magana da kwamfuta, ka buɗe FT_Prog ka adana saitinsa a fayil tun kafin a cire shi, domin wasu kebul suna ɗauke da suna na musamman a ciki wanda manhajarsu take nema, kuma sabon aisi ba ya zuwa da shi. Daga nan ka kai wa mai gyaran waya da yake da buluwa da hannu mai natsuwa, ka nuna masa ɗigon da ke nuna ƙafa ta 1, ka roƙe shi ya rufe robar haƙoran da takardar alminiyam kada iska mai zafi ta narkar da ita. Na Lexia 3 kuma suna da jerin ƙananan rile, wato makunnan da wuta take sarrafawa, da suke sauya layi gwargwadon sashen motar da ake magana da shi. Idan yana shiga injin Peugeot 406 amma ya ƙi shiga wani sashe, ka kasa kunne ka ji ko suna ƙarar ƙyas-ƙyas, ka sabunta dalmarsu kafin ka zargi wani abu.

Abin da ba na karɓa shi ne kebul ɗin da babban aisinsa, mai ɗauke da manhajar ciki, ya goge ko ya kulle, wanda yakan faru idan an danna sabuntawa alhali laftof tana kan intanet. Tayar da shi yana nufin a zuba masa manhajar da wani kamfani ya sha wahalar rubutawa ba da izininsa ba, kuma wannan ya fita daga gyaran waya da dalma ya shiga haƙƙin mutane. Wanda aikinsa ya kai ga buƙatar wannan mataki, garejinsa ya kai ya sayi na asali. Haka kuma, kebul ɗin jabu ko an gyara shi ya yi kyau, iyakarsa karanta lambobi, da kallon sensoci, da goge cek. Kada a yi amfani da shi wajen sake rubuta manhajar birenbos, domin idan magana ta yanke a tsakiyar rubutu motar ba za ta sake tashi ba, kuma kuɗin birenbos ɗaya ya ninka na kebul ɗin sau da yawa.

Gwajin ƙarshe a jikin mota ake yin sa, kuma gara a sami biyu, ɗaya mai layin K ɗaya mai CAN. Laftof ta kasance a kan batirinta, ba a jone da janareta ko inbata ba, domin bambancin layin ƙasa tsakanin caja da jikin mota yana bi ta wayar USB ya kashe aisin da ka gama canzawa. Ka cusa kebul da makulli a kashe, sannan ka kunna, ka buɗe shafin da yake nuna juyin injin da zafin ruwa, ka bar shi yana gudana kamar minti goma kana ɗan girgiza wayar da kan kebul ɗin. Idan lambobin ba su tsaya ba ko sau ɗaya, ka rufe kwanson, ka ɗaure sukurori, ka manna ’yar takarda a bayansa mai ɗauke da ranar gyara da abin da aka canza. Ka kuma gaya wa mai shi ya riƙa zare shi kafin a yi wa mota walda ko a tada ta da batirin wata motar.